A Sake, Ban Ɗauka Ba

Daren Asabar ɗin da ta wuce, a teburin mai shayin da muke zama ta wajen Jekadafari a garin Gombe, wani yaro ɗan acaɓa ya miƙo mana wayarsa yana ta ƙyaƙyata dariya. "Baffa, don Allah ku kalli wannan." Gajeren fim ne, bai kai minti bakwai ba, irin wanda samari ke haɗawa da waya guda da rigunan aro. Mu biyar muka haɗa kai a kan gilashin wayar da ya tsage ta gefe.

An kama ɓarawon waya a wani lungu. Jama'a sun taru, wannan da gora, wancan da taya, wani har ya ruga neman fetur. Ana shirin far masa sai wani ya ɗaga hannu: "Ku dakata! Wayata ba caji." Sai kuwa aka dakata. Aka zaunar da ɓarawon a gindin darbejiya, har da saya masa fiya wata, aka aiki yaro wurin mai caji. Da waya ta dawo, wani ya ce inuwa ta yi yawa, hoto ba zai fita ba, a matsar da shi rana. Aka matsar. Wani kuma ya durƙusa gabansa yana lallashi: "Ɗan'uwa, in an fara ka ɗan ɗaga murya, tawa ba ta kama sauti sosai." Ɓarawon ya gyaɗa kai cikin ladabi.

Har nan dariya muke yi, mai shayi ma sai da ya bar madara ta tumbatsa a kofi.

Ba a nuna duka ko ɗaya ba. Kyamara ta tsaya cak a kan 'yan kallo: kowa ya ɗaga waya sama, wani na gyara hula don ya fito da kyau, wani na ture na gabansa da gwiwar hannu. Ƙarar kawai kake ji. Sai wata murya daga baya ta ce, "A sake, ban ɗauka ba!" Aka sake. Can sai ga uwar yaron a guje, ba mayafi, zaninta a hannu. Wani matashi ya tare ta cikin girmamawa ya ce, "Inna, yi haƙuri, ɗan juyo nan ki yi kukan." Fim ya ƙare kowa na tafiya, kai sunkuye a kan waya yana duba yawan waɗanda suka kalla, an bar silifa wari guda a ƙasa.

Tebur ya yi tsit. Sai wani abokin zamanmu, wanda ya girme ni, ya ture wayar gefe. "Wannan ai rashin imani ne. Da ran ɗan Adam ake wasa? Ya kamata hukuma ta kama yaran nan."

Maganarsa ce ta hana ni barci, ba fim ɗin ba. Domin mutumin nan, mako biyu kafin wannan dare, shi ya turo mana bidiyon wani hatsarin mota a zauren WhatsApp na unguwa. Hatsarin gaske, a kan hanyar Bauchi, gawarwaki a gefen titi ko rufe su ba a yi ba. A ƙasa ya rubuta, "Innalillahi, a tura wa 'yan'uwa." Ba wanda ya ce masa rashin imani ne. Har da ni, don na kalla har ƙarshe.

Ga matsayata tun kafin mu yi nisa. Irin wannan fim, mai ba'a mai ɗaci, yana da amfani, kuma yaran da suka yi shi sun fi mu fahimtar ciwon da ke damunmu. Mun mai da tashin hankali abin kallo, kamar ƙwallon ƙafa ko dambe, kuma wa'azi kai tsaye ya daina ratsa mu a kan wannan. Amma ba kowane fim da ya haɗa jini da dariya zan kare ba. Abin da nake dubawa guda ne: wa ake yi wa dariyar, wanda ke ƙasa ko mu da muke tsaye?

"Ba a wasa da jini"

Wannan ita ce ƙorafin da na fi girmamawa, domin a Gombe muke. Ranar 16 ga Yulin 2015, ana jajiberin Ƙaramar Sallah, mutane na sayayyar kayan miya da takalman yara, bama-bamai biyu suka tashi a kasuwa, kusan mutum 50 suka rasu. Kafin nan, a Disamban 2014, an yi na Tashar Dukku. Akwai gidaje a garin nan da har yau ko ƙarar fashewar taya suka ji sai gabansu ya faɗi. Wanda ya ɗauki ɗan'uwansa a tabarma ran nan, in ya ce ba ya son ganin an haɗa mutuwa da raha, ba ni da bakin musa masa. Ya kashe wayarsa, haƙƙinsa ne.

Sai dai mu tambayi kanmu, su wa suka fara wasa da jinin? Yaran da suka shafa jan kala a riga suka yi wasan kwaikwayo, ko mu da muke isa wurin hatsari mu ciro waya kafin mu miƙa hannu?

Na gani da idona bara, kusa da wani shatale-tale a cikin gari. Keke Napep ta kife, wata mata na kwance, ɗankwalinta ya yi gefe, zaninta ya kwance. Mutum wajen goma sun zagaye ta, wayoyi a sama kamar ana ɗaurin aure. Wata tsohuwa mai sayar da gyaɗa ce ta kutsa, ta cire mayafinta ta lulluɓe ta, tana faɗa: "Ku ba ku da uwaye ne?" Wani saurayi kusa da ni ya ja tsaki don ta tare masa. Tsakin nan shi ne "a sake, ban ɗauka ba", ba ragi ba ƙari. Yaran ba su ƙirƙiri komai ba, ɗan gishiri kawai suka ƙara.

Mu ne fa aka koya wa suturta gawa. Ko wanka za a yi wa mamaci, mutum biyu ko uku ne ke shiga, kuma abin da suka gani ba sa faɗa. Yau gawar mutum kan zagaya zauruka ashirin kafin labari ya isa kunnen matarsa. Wasu ma a waya suke fara ganin nasu.

"Zai koya wa yara"

Kan wannan ba zan daɗe ba. 'Yan Kalare, 'yan dabar nan na Gombe, ba a fim suka koyi sara ba. A 2007 ƙungiyar Human Rights Watch ta fitar da rahoto kan ta'addancin siyasa a Najeriya, ta ware wa Gombe da Kalare sashe guda. A wannan shekarar babu WhatsApp, babu TikTok, wayar da yawancinmu ke riƙewa ma ko hoto ba ta ɗauka. Haka Sara-suka a Bauchi. Abin da ya haife su kowa ya sani: zaman banza, ƙwaya, da ɗan siyasar da ke raba kuɗin mai da adda ranar gangami.

A Satumban 2021 Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano ta hana nuna garkuwa da mutane, shaye-shaye da ƙwacen waya a finafinai. Na fahimci tsoron da ya jawo haka, kuma ban ce babu fim ɗin da ke ƙawata ɗan daba ba, akwai su. Amma doka irin wannan ba ta bambance fim ɗin da ke yi wa laifi ado da wanda ke tona masa asiri, duka tsintsiya ɗaya take share su. Kuma ko ta yi aiki a Kano, yaron da ke Bolari ko Pantami da waya a hannu ba lasisin kowa yake jira ba. Balle bidiyon gaske, wanda ba ya bi ta gaban wata hukuma, kuma shi ne yaranmu suka fi gani.

"Ba al'adarmu ba ce, ta Turawa ce"

Nan kam sai na yi murmushi. Ba a jima da wuce azumi ba, wa bai ga 'yan tashe ba? Yaro ya manna auduga a haɓa ya zama tsoho mai kwaɗayi, wani ya cusa tsumma a riga ya zama mai ƙaton ciki, yarinya ta kwaikwayi yadda miji ke zaluntar matarsa, a gaban mijin da matar, kowa na dariya, kowa kuma ya san da wa ake. 'Yan kama sun daɗe suna juya karatun malamai da waƙar makaɗa su mai da su zancen tuwo, a tsakiyar kasuwa. A fada ma akwai wasan gauta, inda mata ke kwaikwayon sarki da hakimansa, mai mulki ya ga halinsa a jikin wani. Ga zambo, ga habaici, ga gugar zana. Bahaushe ya riga ya ce da wasa ake faɗa wa wawa magana.

(Abin mamaki, kalmar ma ba ta canza ba. Da yara ke tashe, yanzu bidiyo ke tashe. Bambancin, ɗan tashe yana kallon idon wanda yake yi wa, in ya wuce gona da iri a kore shi da muciya.)

Abin da ya zo sabo shi ne abin da ake wa ba'ar. Da rowa ce da kwaɗayi da mugun miji. Yanzu an kai ga jini, saboda jinin ne ya shigo cikin hirarmu ta yau da kullum, tsakanin sakamakon wasan Arsenal da farashin masara.

Wani malami abokina ya kawo mini aya ta 11 a Suratul Hujurat, wadda ta hana wasu mutane yi wa wasu izgili. Na ce masa, Malam, na karɓa hannu bibbiyu, kuma da ita zan auna. A fim ɗin nan wa aka yi wa izgili? Ba ɓarawon ba, shi kaɗai ne ma ya fito da mutuncinsa. Ba uwar ba, ita ce ta kashe mana dariya. Hali aka yi wa ba'a, ba a kama sunan kowa ba. Wanda ya ji zafi, to mai kaza a aljihu ne, ba ya jimirin as. Izgili na ainihi yana cikin wancan bidiyon da ake tilasta wa wanda aka kama ya yi tsallen kwaɗo tsirara ana sheƙa dariya, a saka masa kiɗa, a tura.

Inda masu suka suka fi ni gaskiya

Akwai ƙorafin da ba ni da cikakkiyar amsarsa, kuma abokin zaman namu bai ma kawo shi ba.

Kwana uku bayan wancan dare, na sake cin karo da fim ɗin a TikTok. Amma an yanke shi. Daƙiƙa arba'in kacal aka bari: daga "wayata ba caji" zuwa "a sake, ban ɗauka ba". Babu uwar, babu silifa. An ɗora masa sautin dariya irin na gwangwani. A ƙasa mutane na ta rubuta, "Wallahi haka ya kamata a riƙa yi musu." Wato an cire ƙugiyar an bar tsutsar. Fim ɗin da aka yi don ya kunyata masu kallon duka ya koma abin nishaɗin masu kallon duka.

Wannan ita ce babbar matsalar ba'a a zamanin waya. Ɗan kama yana da iko da taronsa daga farko har ƙarshe. Mai gajeren fim ba shi da iko da komai da zarar ya saki. Manhajar kuma ba ruwanta da niyyarka, abin da ke tsayar da yatsan mutum take turawa gaba, kuma ba abin da ke tsayar da yatsa kamar ihu.

Duk da haka, lura da abu guda. Ko a yankakken, ba wanda ya samu ganin dukan, domin tun asali ba a ɗauka ba. Wanda ya yanka ya nemi jini bai samu ba, fuskokin 'yan kallo kawai ya samu ya yaɗa. A ganina nan ne gwanintar yaran take, kuma nan ne mafi yawan masu irin wannan fim ke faɗuwa. Za ka ga an ɓata minti biyar ana nuna sara dalla-dalla, da jan kala har bango, da kiɗa mai tayar da tsikar jiki, sannan a daƙiƙa goman ƙarshe a rubuto "Mu guji ɗaukar doka a hannu." Wa aka yaudara? Ka sayar da giya ne ka liƙa wa kwalbar takardar wa'azi.

Akwai kuma waɗanda suka fi wannan muni, su ne wasannin barkwanci na masu garkuwa da mutane. Na ga da yawa. Ɗan bindiga shi ne mai wayo, mai iya magana, shi ake ba duk kalaman ban dariya. Wanda aka kama shi ne sakarai, yana kuka yana fitsari a wando, danginsa na ciniki a waya: "Dubu hamsin muke da ita, in ba ku karɓa ba ku riƙe shi, dama ya ishe mu." Ka yi dariya, to. Amma ka tuna akwai wanda ya sayar da gona da shanu ya kai kuɗi daji, aka karɓa, aka ba shi gawa. Wannan wasan ba ya cizon kowa sai wanda aka riga aka cije. Kuma in ka tuna cewa a 2024 an yi ta ba da rahoton 'yan bindiga na gaske suna baje kuɗi a TikTok, mutane na binsu har da masu tura lambar asusu, sai ka ga wasan da gaskiyar sun kusa zama abu ɗaya. Irin wannan ban kare shi ba, ban kuma kira shi ba'a mai ma'ana ba. Kasuwanci ne da hawayen wasu.

Me ya sa dariyarmu ke gangarowa ƙasa?

Na daɗe ina tunanin dalilin da ya sa barkwancinmu na intanet ya fi faɗawa kan marasa ƙarfi: almajiri, makaho, mai taɓin hankali, baƙauye, wanda aka sace. Wani ɓangare na amsar yana Kano. A Nuwamban 2022 kotu ta yanke wa wasu matasa biyu masu barkwanci a TikTok bulala ashirin-ashirin, da tara, da sharar harabar kotu, saboda bidiyon da suka yi a kan gwamnan jihar na lokacin, Abdullahi Ganduje. Ba shari'ar nake son sake yi ba. Darasin da kowane yaro mai waya ya ɗauka nake nufi: in ka harba sama bulala ce, in ka harba ƙasa mabiya ne.

To yaran da suka yi fim ɗin nan sun samo hanya ta uku. Ba su harba sama ba, ba su harba ƙasa ba, sun juyo da bakin abin kanmu, mu 'yan tsakiya, masu data da lokacin kallo. Shi ya sa ya yi zafi. Da gwamna suka zaga da mun tafa musu, da ɓarawon suka wulaƙanta da mun tura wa abokai. Laifi tudu ne.

Bari in faɗi nawa tudun. A Maris ɗin 2025, lokacin da aka kashe matafiya 16 'yan Arewa a Uromi ta Jihar Edo, mafarauta da ke hanyarsu ta komawa gida yin Sallah, bidiyon ya iso wayata da sassafe. Na kalla, hankalina ya tashi, na zagi waɗanda suka tsaya suna ɗauka maimakon su kawo ɗauki. Sannan na sake kalla. Sannan na tura wa mutum biyu. Na gaya wa kaina don a san zaluncin da aka yi ne. Kuma gaskiya ne bidiyon ya taimaka wajen tayar da ƙura har hukumomi suka motsa, ba zan ɓoye wannan ba, wani lokacin wayar da aka ɗaga ita ce kaɗai shaida. Amma kallo na biyu fa? Shi wace shaida na bayar da shi? Kuma waɗanda na tura wa, alƙalai ne?

Shekara guda ina ɗauke da wannan ban taɓa tambayar kaina ba. Huɗuba nawa na ji a kan tausayi, duk na gyaɗa kai na ɗauka da wasu ake. Sai da wasu yara suka sa ni dariya tukuna, dariyar ta buɗe mini baki, sannan suka zuba mini maganin. Da sun fara da wa'azi da tun daƙiƙa biyar na farko na wuce.

Saboda haka ban goyi bayan a kama su ba, Allah ya kiyaye. In da zan gan su, abu biyu zan ce. Na farko, su ci gaba da hana mu ganin abin da muka zo gani. Na biyu, tunda sun san za a yanka, su riƙa saƙa ɗacin a cikin kowane minti, kada su tara shi a ƙarshe inda almakashi zai fara sauka. Uwar nan da ta fito tun farko, ko daga nesa, tana neman ɗanta lungu-lungu alhali ana jiran caji, da mai yanka ya sha wuya.

Jiya na koma teburin. Abokin namu yana nan, mun gaisa, ba wanda ya tayar da zancen. Ana cikin hira wayoyinmu suka yi ƙara kusan tare, saƙo ne a zauren unguwa. Wani ne ya turo bidiyo, hoton farko na nuna taron mutane da hayaƙi. Na ga ya kalli tasa, yatsansa a kan gilashi. Ya ɗan jima haka. Sai ya kife wayar a kan tebur, ya ce wa mai shayi, "Ƙara mini ruwan zafi, wannan ya huce."

Ni kuwa tawa tana aljihu, kuma har na isa gida ina jin nauyinta.